Kafin a Sake Sayen Manhaja, a Rubuta Ma'anar Kowane Gurbi

Lambar asusun banki a Najeriya, wadda ake kira NUBAN, lambobi 10 ce, kuma da yawa daga cikinsu da sifili suke farawa. Idan ma'aikacin sashen albashi ya karɓi jerin sunayen ma'aikata a fayil ɗin CSV, wato jeri na rubutu zalla da waƙafi ke raba bayanansa, ya danna shi sau biyu, Excel zai buɗe shi, ya ɗauki 0123456789 a matsayin adadi, ya zubar da sifilin farko tunda sifili a gaban adadi ba ya ƙara masa komai. Lambobi 9 suka rage. Ya adana fayil ɗin ya tura banki, banki ya dawo masa da shi. Lambar waya ma haka take sha, 0803 ta koma 803. Ta katin cirar kuɗi ta fi kowa shan wuya, domin lambobi 16 ce ko fiye, Excel kuwa 15 kacal yake iya riƙewa daidai. Abin da ya haura haka sai ya mayar da shi sifili, kuma da zarar an adana babu yadda za a yi a dawo da shi. Ba wanda ya ci kuɗi, ba kwamfutar da ta lalace. Ɓangarori biyu ne ba su taɓa zama sun amince cewa lambar asusu shaida ce da ake karantawa, ba adadin da ake tarawa ko ɗebewa ba.

Ra'ayina shi ne, yawancin abin da muke kira matsalar netwok ko rashin haɗin rumbunan bayanai a ofisoshin gwamnati daga irin wannan ƙaramin saɓani yake tasowa, kuma maganinsa yana hannun masu rubuta takardar kwangila tun kafin ya zo hannun masu rubuta manhaja. Bai kamata wata ma'aikata, ta tarayya ko ta jiha, ta biya kuɗin manhajar da ke riƙe bayanan jama'a ba sai ɗan kwangila ya miƙa rubutaccen bayanin kowane gurbi, wato kowane wurin da ake cika suna ko lamba ko kwanan wata: sunansa, abin da yake nufi, irin abin da ake sa masa, iyakar tsawonsa, da abin da za a yi idan babu amsa. A wallafa wannan bayani a fili, tare da manhajar gwaji da kowa zai iya auna saƙonsa da ita.

Muhawarar da aka fi yi tsakanin masu sana'ar ita ce wace sigar rubuta bayanai don musaya tsakanin manhajoji ta fi: CSV, XML ko JSON. Wannan muhawara ba ta kai yadda ake zuzuta ta ba, amma ya kamata a san raunin kowace. CSV ita ce mafi sauƙi, layi ɗaya mutum ɗaya, waƙafi yana raba gurabe. Takardar RFC 4180 ta shekarar 2005 ta tsara yadda za a yi idan waƙafi ya faɗo cikin gurbi, kamar a adireshi: a kewaye gurbin da alamar zance, idan kuma alamar zancen ce a ciki a ninka ta. Abin da fayil ɗin CSV ba ya faɗa shi ne wane gurbi ne adadi, wanne ne kwanan wata, wanne ne rubutu zalla. Mai buɗewa ne zai yi hasashe, kuma hasashen ya danganta da saitin kwamfutarsa. Kwamfutar da aka saita da Faransanci, kamar yawancin na Maraɗi da Damagaram da Yamai, waƙafi mai ruwa take amfani da shi wajen raba gurabe, saboda a can waƙafi ne ke raba cikakken adadi da ɓurɓushinsa. Don haka 1,500 a Kano dubu ɗaya da ɗari biyar ne, a Yamai kuma ɗaya da rabi.

Kada a ɗauka wannan ciwon ƙasashe masu tasowa ne. A Ingila, tsakanin 25 ga Satumba da 2 ga Oktoban 2020, mutum 15,841 da gwaji ya nuna sun kamu da korona ba su shiga ƙididdigar yau da kullum ba, kuma an yi jinkirin neman waɗanda suka yi hulɗa da su. Ɗakunan gwaji suna turo sakamako a CSV, hukumar lafiya tana juye shi cikin tsohuwar sigar Excel ta XLS wadda ba ta wuce layi 65,536. Layukan da suka haura haka suka zube shiru, ba gargaɗi. Da mai aikawa yana faɗin adadin layukan da ya tura, mai karɓa yana ƙirga abin da ya shigo, da ranar farko an gane.

XML, wadda ƙungiyar W3C mai tsara ƙa'idojin intanet ta fitar a 1998, tana da yawan surutu, kowane gurbi sai an buɗe shi da suna an rufe da suna. Amma tana tafe da XSD, fayil ɗin da ke cewa wannan gurbi dole ne, wancan ba zai wuce harafi 35 ba, kuma kwamfuta na iya ƙin karɓar saƙon da ya saɓa. JSON ta fi gajarta, ita ce ta mamaye manhajojin waya da na intanet. Rauninta biyu ne. Ba ta da nau'in kwanan wata ko kaɗan, sai dai a rubuta shi a matsayin rubutu a yi fatan mai karɓa zai fahimta. Sannan yawancin manhajojin da ke karanta ta, musamman na JavaScript, ba sa iya riƙe cikakken adadin da ya wuce 9,007,199,254,740,991 ba tare da sun gurɓata lambobin ƙarshe ba. Lambar ciniki mai lambobi 20 idan aka tura ta ba tare da alamar zance ba, wata lambar daban za ta isa. Duk sigar da aka zaɓa cikin ukun za ta yi aiki, muddin an rubuta ma'anar gurabenta. Wanda ya san kasuwar hatsi ya san buhu ba shi ne abin rigima ba, mudu ne: idan na mai saye da na mai sayarwa ba ɗaya ba ne, ko a wane buhu aka zuba sai an yi faɗa.

To me za a rubuta? Na farko kuma mafi arha: duk lambar shaida rubutu ce. NIN mai lambobi 11, BVN mai lambobi 11, NUBAN, lambar jarrabawa, lambar fansho, lambar katin asibiti. A faɗi tsawonta, a faɗi haruffan da aka yarda da su. Lambar waya a bi tsarin E.164, wato a fara da lambar ƙasa, +234 ga Najeriya, +227 ga Nijar, a cire sifilin gaba, ba tazara ba ɗan layi. Idan ba haka ba, mutum ɗaya zai fito sau uku a rumbu da lambar waya guda da aka rubuta iri uku, a tura masa tallafi sau uku ko a soke shi gaba ɗaya da zargin maguɗi.

Kwanan wata ya fi ɓarna saboda kuskurensa ba ya ihu. 03/04/2001 a wurinmu 3 ga Afrilu ne, a manhajar da aka rubuta da saitin Amurka kuwa 4 ga Maris. Idan ranar ta wuce 12 manhajar za ta yi tuntuɓe a gane. Idan ba ta wuce ba, sai ta haɗiye kuskuren ta wuce, ma'ana a cikin fayil guda wasu ranakun haihuwa sun juye, wasu ba su juye ba, kuma ba a iya bambance su daga baya. Ma'aunin ISO 8601 ya kashe wannan bakin: shekara, wata, rana, 2001-04-03. Idan da lokaci a ciki, dole a haɗa da tazararsa daga agogon duniya, wanda a Najeriya da Nijar +01:00 ne. Cinikin da aka yi a Kano ƙarfe 12:30 na daren 1 ga wata, a agogon duniya ƙarfe 11:30 ne na daren ƙarshen watan da ya gabata. Ofisoshi biyu za su rufe lissafin wata su ga bambanci, kowa kuma yana da gaskiya.

Akwai wani abu game da ranar haihuwa da masu tsara fom suke ƙin kallo. Dattawa da yawa a ƙasar nan, da ma matasan da ba a yi wa rajistar haihuwa ba, shekara kawai suka sani, wani lokaci ita ma kintace ce. Fom ɗin da ya tilasta rana da wata yana tilasta wa ma'aikaci ya ƙirƙiro, shi ya sa 1 ga Janairu ta cika takardunmu. Matsalar ita ce ma'aikacin wani ofishin zai ƙirƙiro tasa ranar daban, daga baya a ce wa mai takarda bayanansa ba su yi daidai ba, ya je kotu ya yi rantsuwa. ISO 8601 ya yarda a rubuta shekara kaɗai. Ma'aunin FHIR na bayanan asibiti shi ma ya yarda da 1968 ko 1968-05 a gurbin ranar haihuwa. Mu ne muke toshe wannan ƙofa da hannunmu. A bar gurbin ya karɓi shekara kaɗai, a ƙara wani ƙaramin gurbi mai nuna cewa kintace ne.

Kuɗi kuwa kada a taɓa ajiye shi a nau'in adadin da kwamfuta ke kintatar ɓurɓushinsa. A wannan nau'in, 0.1 a tara da 0.2 yana ba da 0.30000000000000004, kuma a jerin biya mai layi dubu ɗari irin wannan ɗigo yana taruwa ya hana lissafi rufuwa. Ko dai a tura kuɗin a kobo, cikakken adadi, ko a tura shi a rubuce da wuri biyu bayan aya, a kuma faɗi wanne aka zaɓa. Kullum a haɗa da lambar kuɗin ƙasa ta ISO 4217. NGN tana da wuri biyu na kobo. XOF, wato sefar Nijar da sauran ƙasashen yammacin Afirka masu amfani da ita, ba ta da ko ɗaya. Manhajar da aka rubuta da tunanin naira, mai raba kowane adadi da 100 kafin ta nuna shi, za ta mayar da 5,000 na sefa 50.

A asibiti wannan sakaci yana iya taɓa rai. Sukarin jini ana auna shi da mg/dL ko da mmol/L, kuma tsakaninsu ninki 18 ne: 126 a na farko shi ne 7.0 a na biyu. Saƙon da ya ce sukari 25 bai faɗi ma'auni ba, a ɗaya yana nufin sukari ya faɗi ƙasa warwas, a ɗayan ya hau sama ƙwarai, kuma maganin wannan kishiyar maganin wancan ne. Saboda haka FHIR yake ɗaure adadi da ma'auninsa a gurbi guda, gwajin kansa a kira shi da lambar LOINC ta kundin gwaje-gwajen asibiti, cuta kuma da lambar ICD ta Hukumar Lafiya ta Duniya, inda B50 ke nufin zazzaɓin cizon sauro nau'in falsiparum a bugu na 10. Ma'aikatun lafiyarmu sun daɗe suna tattara alƙaluman wata-wata a DHIS2, manhajar da Jami'ar Oslo ke jagorantar ginawa. Amma alƙaluman jimla daban, takardar majinyaci guda da zai tashi daga asibitin ƙauye zuwa asibitin koyarwa daban, kuma a nan ne har yanzu takarda a hannu ke yin aikin.

Sai batun suna, wanda a nan ne jama'a suka fi jin jiki, musamman tun da aka umarci haɗa layukan waya da NIN a Disambar 2020, JAMB kuma ta wajabta ta daga 2021. Fom ɗin da muka gada gurbi uku yake da shi: sunan farko, na tsakiya, na dangi. Bahaushe kuwa sunansa da na mahaifinsa yake bayarwa, wani ya ƙara na kaka, wani na gari ko unguwa, kamar yadda aka san Aminu Kano da Shehu Shagari. Wane ne na dangi a ciki? Kowane ma'aikaci da amsarsa. Makaranta ta sa sunan uba a gurbin ƙarshe, banki ya sa sunan gari, ofishin katin ɗan ƙasa ya juya su. Ga kuma Muhammad da Mohammed da Muhammadu da Moh'd. Manhajar da ke gwada suna harafi da harafi za ta ce mutum huɗu ne. Abin da ya kamata shi ne a ajiye cikakken suna yadda mai shi ya rubuta a gurbi guda, a ajiye sassan a jere a wasu gurabe, sannan a daina amfani da suna wajen haɗa rumbu da rumbu. Aikin lambar shaida ke nan. Idan NIN ta yi daidai kuma yatsa ko fuska ta tabbatar, bambancin Mohammed da Muhammad abin gyara ne a tebur, bai kai a rufe wa mutum asusu ba.

Haruffanmu masu ƙugiya suna da tasu rigimar. Unicode, kundin haruffan duniya na kwamfuta, ya ba kowannensu lamba tun tuni: ƙ ita ce U+0199, ɗ U+0257, ɓ U+0253, ƴ da ake rubutawa a Nijar kuma U+01B4. A tsarin adana haruffa na UTF-8, ƙ bayit biyu ce, wato ƙwayar ajiyar kwamfuta biyu, C6 da 99. Idan manhajar da ta karɓa ta ɗauka tsohon tsarin Windows-1252 ne, sai ta karanta bayit ɗin ɗaya bayan ɗaya, ƙ ta fito Æ™. Idan kuma aka adana a tsohon tsarin kai tsaye, alamar tambaya ce za ta maye gurbin harafin, kuma ta tafi ke nan. Excel ya daɗe da halin buɗe CSV da tsarin kwamfutar da yake kai sai idan fayil ɗin ya fara da bayit uku na shaida, EF BB BF. Hamzar da ke cikin Sa'adu da Asma'u ma iri uku ake buga ta, U+0027 da U+2019 da U+02BC, ido ɗaya yake ganinsu, kwamfuta uku. A zaɓi ɗaya a rubuta, a sa manhaja ta mayar da sauran gare ta a ƙofar shiga.

Ba ko'ina ƙugiya za ta iya shiga ba, kuma gara a faɗi haka. Layuka biyun da ke ƙasan shafin fasfo, masu harafi 44 kowanne, ƙa'idar hukumar sufurin jiragen sama ta duniya, ICAO, ta takarda mai lamba 9303 suke bi: manyan haruffan A zuwa Z, lambobi, da alamar <, shi ke nan. Hamza ana cire ta, Sa'adu ya zama SAADU. Saƙon tes na waya harafi 160 yake ɗauka, amma ƙ guda ɗaya ta shiga sai ya koma tsarin da ke ɗaukar 70, kuɗin aikawa ya ninka. Amsar ita ce a ajiye siga biyu: sunan gaskiya da ƙugiyarsa, da sigar da aka sauƙaƙa bisa ƙa'ida guda rubutacciya da kowace hukuma ke bi. Abin da ke faruwa yanzu shi ne kowane ɗan kwangila yana sauƙaƙawa yadda ya ga dama, ya jefar da na asalin.

Sunan wuri ma ba abin dogaro ba ne. A cikin ƙananan hukumomi 774 akwai masu suna iri ɗaya: Bassa a Kogi da Filato, Obi a Binuwai da Nasarawa, Surulere a Legas da Oyo, Nasarawa a jihar Nasarawa da kuma cikin birnin Kano. Jihohi shida da K suke farawa, kuma ISO 3166-2 ya riga ya raba su: NG-KN Kano, NG-KD Kaduna, NG-KT Katsina, NG-KE Kebbi, NG-KO Kogi, NG-KW Kwara. Wanda ya ƙirƙiro tasa gajartawar zai gamu da abin mamaki, domin NG Najeriya ce, NE Nijar, NG-NI jihar Neja, NI ita kaɗai kuma Nikaragwa. Abin da ke ƙasa da jiha kuwa ma'aunin duniya bai sauka can ba, aikinmu ne. INEC tana da lamba mai sassa huɗu ga kowace rumfar zaɓe: jiha, ƙaramar hukuma, mazaɓa, rumfa. Abin da ake buƙata shi ne jeri guda na ƙasa na ƙananan hukumomi da mazaɓu, mai lambar da ba ta sauyawa ko an sauya suna, wanda hukuma ɗaya ke riƙe da shi, kowa ya sauke kyauta.

Mai shakkar cewa hakan zai yiwu a ƙasar nan ya dubi bankuna. Kafin NUBAN kowane banki da tsawon lambar asusunsa. Babban Banki ya tsayar da lambobi 10, ta ƙarshe kuma ta tantancewa ce: ana haɗa lambar banki da lambobi 9 na asusun, a ninka su da 3 da 7 da 3 bi da bi, a tara, a fitar da ta goma daga sakamakon. Idan yatsa ya kuskure lamba ɗaya, lissafin ba zai fita ba, manhaja ta kama kafin kuɗi ya motsa. A kan wannan tushe tura kuɗi nan take na NIBSS, kamfanin da ke haɗa bankunan ƙasar nan, ya tsaya tun 2011, har ka ga sunan mai asusu kafin ka danna. Bankuna ba su fi ma'aikatu hazaƙa ba. Bambancin shi ne akwai mai tilastawa, kuma wanda bai bi ba saƙonsa ba ya wucewa.

Yanzu ma duniyar banki ta sake sheƙa zuwa ISO 20022, sabon ma'aunin saƙonnin kuɗi. Tsohon saƙon tura kuɗi na SWIFT, hanyar da bankunan duniya ke aika wa juna saƙo, wato MT103, layi 4 ne masu harafi 35 ya ba suna da adireshi, a cusa komai ciki, abin da bai shiga ba a datse. Sabon, pacs.008, XML ne, suna da gurbinsa mai harafi 140, titi da gari da ƙasa kowanne da nasa. Wannan ba ado ba ne: manhajar da ke tace sunayen waɗanda aka sanya wa takunkumi tana rage tare kuɗin bayin Allah idan ta san wace kalma ce sunan mutum, wace ce sunan gari. SWIFT ta bar tsoho da sabo suna tafiya tare daga Maris 2023 har zuwa Nuwamba 2025, Babban Bankin Najeriya kuma ya fitar da nasa umarnin komawa ISO 20022 a Agustan 2025. Darasin da ke cikin wannan ga gwamnati shi ne wa'adin: an faɗi ranar farawa, an ba da lokacin tafiya tare, an faɗi ranar rufewa.

Akwai masu ganin hanya mafi sauƙi ita ce a tattara komai a rumbu guda babba, kowace hukuma ta riƙa ɗiba daga ciki. Ban yarda ba. Juye bayanan da ba a daidaita ma'anarsu ba a wuri guda ba ya gyara su, yana ɓoye asalin kuskuren ne kawai. Kuma rumbu guda ƙofa guda ce ga ɓarawo. Estoniya tun 2001 ta bi wata hanyar da tsarinta na X-Road: kowace hukuma tana riƙe da nata bayanan, musaya kuma tana bi ta ƙa'ida guda, kowane saƙo da sa hannun lantarki da tarihin wanda ya tambaya. Estoniya ƙaramar ƙasa ce, mutanenta ba su kai miliyan 2 ba, don haka ba a kwafo ta dungurungum. Amma tunanin ya dace da ƙasa mai jihohi 36 da ba za su miƙa rumbunansu ga Abuja cikin daɗin rai ba.

Ƙorafin da ya fi ƙarfi a kan abin da nake kira gare shi shi ne na sirri: idan musayar bayanai ta yi sauƙi, yoyonsu ma ya yi sauƙi. Gaskiya ne, kuma dokar kare bayanai ta 2023 ba za ta kare kanta ba. Amma a lura, hanyar da ake bi yanzu, ta fayil ɗin Excel mai ɗauke da sunaye da NIN da lambobin waya na dubban mutane yana yawo a imel da WhatsApp da filasha, ita ce mafi muni. Rubutaccen ma'auni yana ba da damar a taƙaita: makarantar da ke son sanin ko wannan NIN ta wannan ɗalibi ce, amsar i ko a'a ta ishe ta, ba ta buƙatar adireshinsa da sunan mahaifiyarsa. A rubuta wa kowace irin tambaya gurabenta, a ajiye tarihin wanda ya yi ta. Ƙorafi na biyu shi ne tsauri zai kori talaka a tebur. Zai kore shi idan an tsara ma'aunin da tunanin wanda aka haifa a asibiti yake zaune a gida mai lamba. Idan an tanadi shekara kaɗai, da suna mai sassa biyu ko biyar, da adireshin da ke cewa bayan masallacin Juma'a tare da lambar mazaɓa, tsaurin a kan ɗan kwangila zai faɗa.

Hukumar fasahar sadarwa ta ƙasa, NITDA, ta riga ta fitar da kundin Ne-GIF kan yadda manhajojin gwamnati za su yi hulɗa da juna. Amma kundin manufa daban, fayil ɗin da kwamfuta za ta gwada saƙo da shi daban, kuma ɗan kwangila abin da ke cikin takardar biyansa yake karantawa. A can ya kamata sharuɗɗan su shiga. Ya miƙa XSD ko takwaransa na JSON, wato JSON Schema, na kowane saƙo, da misalai masu kyau da gurɓatattu, har da sunaye masu ƙugiya da hamza da lambobi masu sifili a gaba. Kowane saƙo ya ɗauki lambar da ba ta maimaituwa, domin idan netwok ya yanke aka sake turawa, mai karɓa ya gane ya riga ya gani, kada a biya sau biyu. Kowane fayil mai tarin layuka ya zo da adadin layukansa, da jimlar kuɗin da ke ciki, da hatimin SHA-256 mai nuna ko an taɓa abin da ke cikin fayil ɗin, mai karɓa ya mayar da amsar nawa ya karɓa, nawa ya ƙi, da lambar dalilin ƙin kowanne. A bambanta gurbin da ba a tambaya ba da wanda aka tambaya ba a sani ba, kada a cike su da sifili ko 1900-01-01. Ma'aunin ya ɗauki lambar bugu, kuma duk sauyin da zai karya tsohon saƙo a sanar da shi da wa'adi, misali wata 12.

Sharaɗin da 'yan kwangila za su fi ƙi shi ne na fita: a kowane lokaci ma'aikata ta iya fitar da dukkan bayananta a wannan siga ba tare da ƙarin kuɗi ba. Ƙinsu yana da dalili, domin bayanan da ba sa fita su ne ke sa a sabunta kwangila ko aiki bai yi kyau ba. Hukumar BPP, mai sa ido kan kwangilolin tarayya tun dokar 2007, tana iya sa wannan a takardun neman kwangila na bai ɗaya, jihohi su kwafa. Gwajinsa kuma ba ya buƙatar kwamiti: kafin a saki kason ƙarshe na kuɗi, a fitar da bayanan gaba ɗaya, a wuce da su ta manhajar gwaji, a ba wani ma'aikacin da ba na kamfanin ba ya loda su a rumbu fanko, a ƙirga layuka a ɓangarorin biyu. Idan adadin bai zo ɗaya ba, ko ƙugiya ta koma alamar tambaya, a riƙe kuɗin har sai an gyara.